Ta Gefen Direba

Zuwa ga maigidana Direba,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata takardar nan za ta same ka lafiya, kai da 'yarka da maigidanta da jikoki baki ɗaya. Yaya ƙafar? An ce mini yanzu sai da sanda kake fita, na ce ashe akwai ranar da Direba zai rage gudu ba tare da an ɗaga masa jar tuta ba. Mu nan lafiya lau, sai kunnena na dama da ya ƙarasa mutuwa, kuma ka san ihun wanda ya fara kashe shi.

Ka yi haƙuri da rubutun. A jikin taragu na koye shi, shi ya sa har yau baƙaƙen nawa manya-manya ne kamar za a karanta su daga nesa. Surukata ta ce in kawo ta rubuta mini, na ƙi, domin in ta rubuta sai ta sa mini ladabin da ba ni da shi, ka ɗauka wani ne.

Dalilin takardar, wata mata ce ta zo wurina. Ba yarinya ba ce, kanta ya yi furfura, da takalmi irin na masu duba layin dogo. Maza biyu ke biye da ita, ɗaya da kyamara mai ƙafa uku, ɗayan da doguwar sanda mai wani abu mai gashi a kai, kamar mushen kyanwa, wanda yake ratayawa bisa kan mutum in yana magana. Na sa mata suna Mai Majigi. Ta yi dariya ta ce ai an daɗe da daina majigi. Na ce jirgin kwal ma an daɗe da daina shi, ga shi har yau Mai Shebur ake ce mini.

Sana'arta fim, amma ba irin wanda jikokinmu ke kallo ba. Babu waƙa, babu soyayya, ba a ɗauko kowa a ce ya yi kukan ƙarya. Tsofaffi take bi gari-gari tana zaunar da su, su faɗi abin da idonsu ya gani a ƙarnin da ya wuce. Ta ce ta haura shekara talatin tana wannan. Ta nuna mini kaɗan a wani faifan allo da take yawo da shi. Na ga tsofaffin soja da aka kai yaƙin ƙetare, na ga masu haƙar ma'adinai suna tari tsakanin kalma da kalma, na ga matan da suka fara aikin unguwarzoma a asibiti, da waɗanda suka ga shekarar fara. Ta ce yawancinsu sun riga mu gidan gaskiya, amma tana da ɗaki guda da in ta shiga ta kunna, duk sai su tashi su ci gaba da hira. Akwai wani tsohon soja da ya zo faɗin sunan abokinsa, sunan ya ɓace masa, ya yi shiru yana kallon ƙasa. Ba ta yanke wurin ba, ta bar shi har ya tuno. A nan na ce wa surukata ta dafa mata shayi.

To, yanzu ta iso kanmu. Shekarar Babban Ruwa take so, da jirgin ƙasa na ƙarshe da ya haye gada kafin ruwa ya ɗauke ta. Ta ce duk inda ta tambaya sai a ce mata mutum biyu suka rage a cikin waɗanda suka ja jirgin nan, mai zuba kwal da direbansa.

Na faɗa mata tun daga bakin ƙofa cewa gefena kaɗai zan ba ta. Ba ta gane ba, sai da na kife kofi biyu, na sa butar shayi a tsakani, na ce wannan tukunyar inji ce, direba na dama, mai shebur na hagu, kowa da 'yar tagarsa. Abin da ke dama direba ke gani, abin da ke hagu nawa ne. In na ce maka siginar hagu ta faɗi, hanya ta buɗe, ba ka tasowa ka duba, in ka ce mini dama lafiya, ban taɓa leƙawa ba. Haka aka koya mana, haka muka rayu. Wanda ya faɗi abin da ba ta tagarsa ya gani ba, shi ke kashe mutane.

Ta tambayi inda kake. Na ce kana raye, amma ba na ba da adireshin maigidana sai da izininsa. Izinin nake nema. Jibi za ta kai ni tsohuwar rumfar injuna, wai akwai guda ɗaya da masu yankan ƙarfe ba su kai gare shi ba.

Ka gaida 'yarka, ka ce mata ta rage maka gishiri ko da za ka yi faɗa.

Naka har kullum,
Mai Shebur


Zuwa ga maigidana Direba,

Assalamu alaikum. Gaisuwa da fatan ana lafiya. Yaya jiki, yaya yaran? Amsarka ta iso, kuma ban sha wahalar karanta ta ba tunda ba ta kai tsawon yatsa ba. Ka ce in faɗa mata nawa in bar ka ka huta. Na ji. Amma tunda ba ka ce kada in ba ka labari ba, ga shi.

Mun je rumfar. Rufin ya zube ta gabas, tantabaru sun mallaki wurin. Injin yana nan a layin ƙarshe kusa da ramin toka, ba namu ba ne, amma ƙanensa ne, ƙira ɗaya. An sace agogon tururi da duk abin da aka yi da jan ƙarfe. Ƙofar wuta kuwa tana nan, na taka ta buɗe da irin kukan da ka sani. Mutum biyu suka tura ni sama, ni da nake hawa da shebur a hannu ɗaya da kwanon abinci a ɗayan.

A nan rigima ta fara. Mai kyamara ya ce in koma dama in zauna a kujerarka, wai ta can haske ya fi kyau, ta hagu fuskata ta yi duhu. Na ce masa fuskar mai zuba kwal dama ba a san ta da haske ba. Ya roƙa, ya kira ni Baba, ya kira ni Alhaji, na ce ban je ba tukuna. Mai Majigi tana tsaye tana kallonmu, can ta ce masa ya bar ni inda nake, ya nemo haske ya kawo mini. Sai da suka ɗauko wani farin faranti suka tsaya da shi a rana suna jefo mini ita.

Na ba ta nawa tun daga farko. Yadda aka yi kwana da kwanaki sama ba ta ɗauke ba. Yadda aka ce madatsar ruwa ta can sama ta fashe, ruwa na biyo kwari, a kwashe mutane a haye gada da su. Yadda aka ɗaura mana taragu fiye da ƙarfin injin, mutane har kan rufi, har tsakanin taragu. Na faɗa mata kwal ya jiƙe ya zama kamar taɓo, ina zubawa wuta na huci tana neman mutuwa, sai da na riƙa tono busasshe daga ƙasa da hannu. Na faɗa mata yashin da muke zuba wa ƙafafun inji don kada su yi santsi ya ƙare tun kafin rabin hanya.

Sai muka zo kan ƙaramar tashar nan ta cikin kwari, wadda hawa ke farawa daga bakinta. Na faɗa mata abin da ka ce mini muna gangarowa, domin wannan da kunnena na ji: ka ce kada in bar wuta ta faɗi, ba za mu tsaya ba, in muka tsaya a gindin hawan nan da wannan kaya a kan jiƙaƙƙen ƙarfe ba mai tayar da mu, gada kuma ba za ta jira ba. Na faɗa mata abin da na gani ta tagata. Tankin ruwa, gonaki sun zama tafki, rufin wata bukka yana juyawa, da wata saniya da ta hau gefen layi tana tafiya tare da mu, ba ta gudu, mu ma ba mu wuce ta ba har ƙarshen tasha.

Ta ce, dakalin tashar fa? Na ce dakali ta dama yake. Ta ce me na ji? Na ce na ji mutane da yawa, da kukan yara, da muryarka kana cewa wuta, wuta. Ta ce ban juya ba ko sau ɗaya? Na ce wanda ke tsakanin kwal da ƙofar wuta bayansa yake ba dama, in na ɗaga kai allurar agogo nake dubawa. Ta zagayo ta wata hanya, ta ce to me mutane suka riƙa faɗa daga baya? Na ce sun faɗi da yawa, waɗanda suka fi faɗa kuwa ranar suna kan tudu. Wasu sun ce ka wuce da gudu ka bar jama'a, wasu sun ce ka tsaya, dukansu kuma na san ƙarya ne. In tana son jita-jita ta je bakin kasuwa.

Na zaci za ta ji haushi. Sai ta ce ita ma ba ta taɓa sa an ce a fim ɗinta ba, abin da ya sa wani fim ɗin ke cin ta shekaru, har masu ba ta aiki suka gaji da ita suka koma wurin yara masu sauri. Ta ce wa mai kyamara ya kashe. Ta zauna a matakalar injin, ta gefenka, ta daɗe tana kallon bangon rumfa kamar akwai abin gani. Mai mushen kyanwa ya harare ni kamar na zagi uwarsa. Ban san laifina ba.

Matar nan taurin kai gare ta irin namu, Direba. Da namiji ce da ta yi mai shebur.

Ka gaida gida.

Naka,
Mai Shebur


Zuwa ga maigidana Direba,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina tambayar lafiyarka da ta iyali. Ba ka amsa ta baya ba, ban kuma yi mamaki ba. Wannan ka karanta ta kai kaɗai, kada ka ba jikoki su karanta maka don ƙyuyar neman tabarau.

Mai Majigi ta dawo shekaranjiya da hantsi, ita kaɗai, ba kyamara ba sanda. Ta zauna a tabarmar zaure ta cire takalman nan nata. Na ce yau ba aiki? Ta ce yau ba aiki. Sai ta faɗa mini abin da ya sa mutuminta ya harare ni.

Tana cikin jirgin nan, Direba. A tashar kwari ta shiga, tana 'yar da ba ta gama iya magana ba. Ba ta san sunan da aka raɗa mata ba, ba ta san uwa ba ba ta san uba ba, domin ka san abin da ya sami garin bayan wucewarmu. Wata 'yar kasuwa da ke cikin tarago ita ta raine ta, ta riƙe ta da amana, ta sa ta makaranta. Amma matar tana tsakiyar tarago ne a matse, ba ta ga komai ba sai yarinya da aka miƙo ta bisa kawunan mutane har ta faɗo cinyarta. Abin da take ce mata tun tana ƙarama shi ne, ta taga aka jefo ki. Ba da mugunta ba. In ta yi ƙiriniya a ce, ai dole, wadda aka jefo ta taga. In ta ci jarrabawa a ce, kai, jifan nan ya yi albarka. Ita ma tana dariya tare da su. Ta ce amma ba ta taɓa wuni ba ta tambayi kanta wane irin hannu ne ke jefa ɗansa cikin jirgi yana gudu ba, ko ceto ne, ko sauke kaya ne don a ji daɗin gudu.

Ta ce saboda dakalin nan ta shiga wannan sana'a. Da ta fara riƙe kyamara niyyarta shi za ta fara yi. Sai tsoro ya kama ta, ta ce bari ta koyi aiki a kan sojoji tukuna. Daga sojoji ta ce bari ta yi na ma'adinai. Haka ta yi ta kewaya shi, tana tambayar iyayen mutane abin da suka gani, ana ba ta lambobin yabo tana sawa a kwali, har waɗanda suka zauna bakin tagogin dama suka ƙare ɗaya bayan ɗaya. Ta sami fasinjoji kaɗan, duka 'yan tsakiya ne ko 'yan hagu irina. Yanzu gwiwoyinta sun fara ba ta shawara, ta ce wannan ne na ƙarshe. Ba kuma za ta sa kanta a ciki ba, wai mai ɗauka ba ya shiga hoto. Ba ta neman a ce mata ga uwarki. Ta san ba mai iya wannan. So take wanda ya ga dakalin da idonsa ya faɗa mata yadda aka yi.

Ba zan ɓoye maka ba, harshena ya motsa. Kaɗan ya rage in ce mata na tuna, na ɗan waiga, na ga wata mata kyakkyawa tana kuka. Wa zai ƙaryata ni? Kai kaɗai, kai kuma ka yi shiru. Na haɗiye. Na ce mata 'yata, ban gani ba. Ta ce ta sani, da na faɗa ma da ta gane, domin ta shekara talatin tana kallon bakin tsofaffi, ta san lokacin da tausayi ke magana a madadin ido.

Direba, mun yi shekaru muna bin layin nan bayan an gyara gada. Duk sanda muka zo tashar kwari sai ka kafa ido a kan agogo, kai da ba ka yarda da agogo ba, ka ce mini in duba maka hanya. Ban taɓa tambayarka ba. A bikin 'yarka ban tambaya ba, ranar da muka ajiye aiki ban tambaya ba, ranar da muka kai mai ɗakinka makwancinta muka zauna mu biyu har rana ta faɗi ban tambaya ba. Na ɗauka abin da mutum ya gani ta tagarsa nasa ne. Yanzu na ga akwai mai rabo a ciki, ta zo har zaurena ta zauna ba takalmi.

Har yanzu ban ba ta adireshinka ba, ba kuma zan bayar ba. Amma na sayi tambarin aika wasiƙa da yawa, kuma ka san ni da zuba abu a wuta har sai ta kama.

Naka,
Mai Shebur


Zuwa ga maigidana Direba,

Assalamu alaikum. Yaya ƙarfin jiki? Allah ya ƙara sauƙi, ya sa kaffara ne.

'Yarka ta rubuto mini. Ta ce tun da takarduna suka fara yawa ka daina cin abinci sosai, kana zama a ƙofar ɗaki ba ka kula kowa, har jikanka ya ce kaka ya lalace kamar rediyo. Ta roƙe ni da girman Allah in bar maganar. Yarinyar nan a kafaɗata ta fara ganin cikin inji, ba zan ƙi ta ba. Na bari. Ragowar tambarin na ba surukata.

Abu ɗaya zan faɗa, shi ma don nawa ne, ta gefena yake, kuma na riga na faɗa wa kyamara. Ban san abin da ka gani ba, amma na san abin da hannunka ya yi, domin ni ke ciyar da shi. Wanda ke son tsira da ransa a gindin hawa buɗe tururi yake yi tun daga gangara, ya shige tasha da ƙarfinsa, hawan ya zo masa da sauƙi. Kowane ɗan koyo ya san wannan. Kai kuwa ka kashe gudun da muka tara, ka riƙe jirgi mai wannan nauyi a tafiyar saniya, a kan jiƙaƙƙen ƙarfe, ba yashi, tun daga farkon dakali har ƙarshensa. Ƙafafu sun zame ka kama su, sun sake zamewa ka sake kamawa. Na yi aiki da direbobi kafin kai da bayanka, ban ga wanda zai iya ba, ban kuma ga wanda zai yarda ya gwada ba. Ranar na zage ka a zuciyata, domin bayana ne ya biya. Ban san don me ka yi ba, na dai san ba don kanka ba ne.

Mai Majigi ta ce za ta haɗa fim ɗin da abin da ta samu. In an zo tashar kwari za a ji muryata da saniyata, sa'an nan ta bar allon baƙi na ɗan lokaci, ba hoto ba magana, a wuce. Ta ce ta gaishe ka, kuma ba ta riƙe ka da komai ba. Ta ce ta san tsofaffi da yawa da suka tafi da nasu, hakkinsu ne.

Ka ci abinci don Allah. Ba na son a ce takardata ce ta kashe ka bayan ruwa ya kasa.

Naka,
Mai Shebur


Zuwa ga maigidana Direba,

Assalamu alaikum. Gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kana lafiya, da 'yarka da ta sha ɗawainiyar baƙi, Allah ya saka mata. An ce ka koma cin abinci har kana neman ƙari.

Da saƙonka ya zo cewa Mai Majigi ta zo amma kada mai shebur ya biyo ta, na yi fushi na wuni guda, sa'an nan na kai mata adireshin da ƙafata. Jiya ta dawo. Ta kafa allonta a kan kujera a tsakar gida, surukata da maƙwabta suka taru, na kore su, na ce wannan na ma'aikata ne.

Ka tsufa, Direba. Ba wanda ya faɗa mini. Kuma hular nan ba ta yi maka kyau ba. Amma da ka ɗaga hannun dama kana nuna yadda ka riƙe tururi, na ga hannun bai manta ba.

Na ji duka. Na ji yadda ka hango dakali cike tun daga gangara, ruwa ya kai musu idon sawu. Na ji yadda shugaban tasha ya tsaya a bakin dakali da koriyar tuta yana kaɗa maka ka wuce, domin shi ma ya san hawan, ya kuma faɗa wa jama'a tun kafin mu iso cewa jirgi ba zai tsaya ba, babu kuma wurin manya a ciki, a shirya yara. Ban taɓa sanin wannan ba. Na ji yadda suka jeru da 'ya'yansu a hannu, ba turereniya, kowa ya zaɓi taga ya bi ta da tafiya.

Sai ta yi maka tambayarta, na ji muryarta daga bayan kyamara ta canza. Na ga ka ɗago ka dube ta kamar yadda kake duban ɗan koyo in ya faɗi shirme. Ka ce jifa kuma? Wa ya ce jifa? Ka ce kana leƙe ta tagarka kana kallon baya tun daga farko har ƙarshe, don da su kake auna gudun, ba ka ga an jefa yaro ko ɗaya ba. Miƙawa ake yi. Mai ɗa zai ɗaga shi, ya bi jirgi yana tafiya, ba ya saki sai na ciki ya kama da hannu biyu ya ce na riƙe. Ka ce akwai waɗanda na ciki ya riga ya karɓa amma suka ci gaba da bi suna riƙe da ƙafar yaron har dakali ya ƙare. Ta ce ko ka tuna wata da 'yar mace? Ka ce mata ba za ka yi mata ƙarya ba, fuska ba ta zauna maka ba, hannuwa ka gani. Amma in a tashar kwari ta shiga, to wani ya taka da ita a hannu bai sake ta ba sai da aka ce masa an riƙe.

A nan hoton ya ɗan karkace, sai ga kafaɗarta da gefen furfurarta sun shigo, ga hannunka a kanta. Ta ce mini mai kyamara ya ce a yanke wurin, aikin ya ɓaci. Ta ce ta zauna da almakashinta a kai ta kasa. Karo na farko ke nan da za a gan ta a fim ɗinta, kuma ƙeya ce. Na ce ai ƙeyar ma ta yi kyau.

Da muka gama ta naɗe kayanta, ta tsaya cin abinci, ta ci da yawa, ta yi wa surukata tsiya a kan yaji. Ta ce in an gama haɗawa mu biyu za a fara nuna wa. Na ce ta tabbata ta gyara inda ka ce wuta ta yi ƙasa a tsakiyar dakali, domin wuta ta gefena take, kuma ba ta yi ƙasa ba. Ta ce ba ta gyara bakin kowa, in je in faɗa maka da kaina.

Zan zo ɗin. Ba don wutar kaɗai ba. Na lura da inda ka tsaya. Ka kai mu ƙarshen dakali, ka ce sai ka buɗe tururi, sa'an nan ka kalli gefe, ita kuma ba ta matsa maka ba. Amma na san ka, ba ka daina kallon baya a nan ba. Akwai abin da ka gani bayan tarago na ƙarshe ya wuce su, suna tsaye hannu wofi, shi ne ka ɗauka kai kaɗai duk shekarun nan ina tsaye kamu ɗaya da kai. Wannan ba na fim ba ne, ba kuma nata ba ne. Ni na zuba wutar da ta ɗauke mu daga wurin, rabin kayan nawa ne.

Ɗana zai sa ni a mota ranar Asabar. Ka ce wa 'yarka kada ta wahalar da kanta, tabarma ta isa. In ka ga dama ka faɗa, in ba ka gani ba mu zauna.

Naka har kullum,
Mai Shebur